Jagora ga Mai Son Rubuta Fim da Shirya Shi da Kansa a Maradi

Duk wanda ya ƙudurta zama marubucin fim mai zaman kansa, kuma ya ce shi ne zai shirya abin da ya rubuta, ya ɗauki ayyuka biyu da ba su cika jituwa ba. Marubuci yana son labarinsa ya yalwata, a ga taron biki, a ga kasuwa cike da jama'a, a ga mota tana keta daji da dare. Furodusa kuwa shi ne mai ƙirga kuɗin abincin ƴan wasa da man gurup, wato janareto, da hayar kamara. A Kano, inda sana'ar ta kafu tun daga 1990, ana iya raba waɗannan ayyuka tsakanin mutane dabam-dabam. A Maradi, sau da yawa mutum guda ne ke ɗauke da su duka, kuma wannan jagora dominsa aka rubuta ta. Abin da na yi imani da shi, wanda kuma zai ratsa dukan matakan da ke tafe, shi ne cewa mai zaman kansa yana gama fim ɗinsa ne a takarda tun kafin a kunna kamara, kuma salonsa yana fitowa daga abu biyu: abin da kunnensa ya ji a garinsu, da abin da aljihunsa zai iya ɗauka.

Mataki na farko: samo labari daga ƙasar da kake takawa

Babbar jarabar da ke gaban matashin marubuci a Maradi ita ce kwaikwayon Kano. Mun taso muna kallon fina-finansu, mun haddace yadda jarumansu ke magana, har ya zama idan mutum ya zauna rubutu sai hannunsa ya kai shi gidan bene da ɗan attajiri da ƴar talaka ba tare da ya yi niyya ba. Matsalar ita ce Kano ta fi mu iya yin fim ɗin Kano, kuma mai kallo ba shi da dalilin barin na asali ya kalli kwaikwayo.

Tarihin fim na Nijar kansa ya nuna wata hanya. Umaru Ganda ya gina fim ɗinsa na farko a kan abin da ya gani lokacin da ya yi soja a yaƙin Indocin da halin da tsohon soja ke shiga idan ya komo gida, kuma an nuna shi a bikin fina-finai na Cannes da ke Faransa a 1969. A 1972, fim ɗinsa kan auren dole da zaman kishi ne ya fara cin babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka da ake yi a Wagadugu. Mustafa Alasan ya fara da gajeren fim kan aure a 1962, ya kuma yi fina-finan zane da kayan aikin da ya haɗa da hannunsa. A baya-bayan nan, Sani Magori ya ɗauki albasar Galmi da shirin aure ya yi fim a 2008, ita kuma A'isha Maki ta Damagaram ta yi nata a 2016 kan halin macen da ba ta samu haihuwa ba. Babu ɗayansu da ya je aron labari, kuma dukansu duniya ta saurare su.

Maradi ba ta rasa abin faɗa ba. Akwai fatauci tsakaninmu da Katsina ta Ɗan Isa da Jibiya, da abin da rufe iyaka ya jawo wa gidaje a 2019 da kuma bayan Yulin 2023. Akwai manoman rani na Jiratawa, da masuntan tafkin Madarunfa, da rigimar gado kan gonar fadama a bakin gulbi. Akwai ƴan kokowa da iyayen gidansu da makaɗansu, akwai matan foyandi da adashensu, akwai samarin fada da ke kwana kan shayi suna mafarkin Aljeriya ko Libiya, akwai mutanen da rashin tsaro ya koro daga Zamfara da Sakkwato suka sauka a yankin Gidan Rumji. Ka riƙe ƙaramin littafi a aljihu, ko ka yi amfani da wayarka, ka riƙa rubuta maganganun da ka ji kamar yadda aka faɗe su, ba tare da ka gyara musu nahawu ba. Amma ka kiyaye amana: idan labarin wani gida ne ya ba ka tunani, ka sauya suna da unguwa da sana'a da yawan ƴaƴa, har ya zama maƙwabcinsu ma ba zai gane su ba. Garin nan kowa ya san kowa, kuma tonon asirin gida ɗaya yana iya rufe maka ƙofofi ashirin.

Mataki na biyu: matse labarin kafin ka buɗe shi

Kafin ka rubuta fitowa ko ɗaya, wato yankin fim da ke faruwa a wuri guda da lokaci guda, ka iya faɗin labarinka cikin jimla biyu da ke amsa tambayoyi huɗu: wane ne, me yake so, me ya tare masa hanya, me zai rasa idan bai samu ba. Ga misalin da za mu riƙe har ƙarshen wannan jagora. Lawali ɗan kabu-kabu ne a unguwar Bagalam, ya karɓi babur bashi daga wani alhaji, ya jinginar da takardar gonar mahaifiyarsa ba da saninta ba. An sace babur ɗin saura wata guda babbar salla, ranar da aka yi alkawarin biya.

Idan jimlolin ba su sa wanda ka faɗa wa ya tambaye ka "to, sai me ya faru?" ba, labarin bai nuna ba tukuna, kuma shafi ɗari ba za su gyara shi ba. Idan sun ja hankali, sai ka faɗaɗa su zuwa shafi biyu ko uku na zube, daga farko har ƙarshe, ba tare da maganganun ƴan wasa ba. Daga nan ka jera fitowa-fitowa, kowace a layi guda: inda ake, su wa ke ciki, da abin da ya sauya bayanta. Duk fitowar da ba ta sauya komai ba, ka cire ta tun a nan, domin a wannan mataki cirewa ba ta cin ko dala.

Wajibi ne ka san ƙarshen labarinka kafin ka fara. Yawancin fina-finai masu dogon zango da ke yin sanyi a tsakiya, ciwonsu ke nan: an fara ɗauka da kashi uku a hannu, sauran kuma ana ƙirƙira su a lokeshin, wato wurin ɗauka.

Mataki na uku: ƙirga abin da ke hannunka

A nan ne furodusan da ke cikinka zai zauna da marubucin. Ka ɗauki takarda ka rubuta duk abin da za ka iya samu kyauta ko da ɗan ihsani: gidan kawunka mai zaure da rijiya, shagon ɗinki na abokinka, garejin wani ɗan uwa, babur, amalanke, gonar da ke bayan gari. Ka rubuta ƴan wasan da ka tabbatar za su zo kullum, ba waɗanda kake fatan samu ba. Sannan ka koma kan jerin fitowarka ka karkata labarin zuwa waɗannan wurare da mutane.

Wasu na ganin wannan tauye fasaha ne, ni kuwa ina ganin nan ne salo ke haihuwa. A labarin Lawali, ɗaukar satar babur a tsakiyar kasuwa zai buƙaci taron jama'a da izini da yini guda cur. Marubucin da ya san aljihunsa zai nuna Lawali ya fito daga masallaci, ya tsaya inda ya jingine babur, makulli na hannunsa, babu komai sai sawun taya a ƙasa. Wannan ya fi araha, kuma ya fi shiga zuciya, domin mai kallo ya gano asarar a daidai lokacin da Lawali ya gano ta. Idan ka saba da irin wannan tunani, bayan fim biyu ko uku mutane za su fara gane aikinka tun kafin su ga sunanka.

Mataki na huɗu: rubuta sikirif

Sikirif shi ne rubutaccen labarin fim, fitowa bayan fitowa. Akwai tsarin da masu sana'ar suka amince da shi a duniya, kuma amfaninsa na lissafi ne: idan an rubuta da haruffan Courier masu girman 12, shafi ɗaya yana ba da kusan minti ɗaya a allo. Kowace fitowa tana farawa da layin da ke nuna ciki ne ko waje, wurin, da lokaci. Bayansa sai bayanin abin da ido ke gani, sannan sunan mai magana da abin da ya faɗa. Akwai manhajojin da ke yin wannan tsari da kansu, irin su Final Draft da ake saye da Trelby da ke kyauta, amma ko a Word ana iya yi. Ka gwada tun da wuri ko haruffan ɓ da ɗ da ƙ da ƴ suna fitowa daidai idan an buga a takarda, don kada ɗan wasa ya tsaya yana lalube tsakanin "ƙasa" da "kasa" a gaban kamara.

Ƙa'idar farko ita ce kada ka rubuta abin da kamara ba za ta iya ɗauka ba. "Lawali yana cikin nadama" ba umarni ba ne da ɗan wasa zai iya bi. Rubuta abin da nadamar ta sa shi yi. Ga yadda fitowar dare za ta iya kasancewa:

CIKI. TSAKAR GIDAN SU LAWALI. DARE.

Lawali na zaune kan tabarma, kwanon tuwo a gabansa a rufe. Inna ta fito daga ɗaka da fitila a hannu.

INNA: Lawali, mi ya hana ka cin tuwon?

LAWALI: Na ƙoshi, Inna. Na ci wajen su Rabe.

INNA: Rabe ya zo nan da la'asar yana biɗar ka.

Lawali ya sunkuyar da kai. Inna ta dubi gindin bango inda ya saba jingine babur. Ta kwance haɓar zanenta, ta ajiye jika biyu kusa da kwanon, ta koma ɗaka.

Babu wanda ya ambaci babur ko bashi ko gona, amma mai kallo ya fahimci cewa ta gane akwai matsala, kuma ya san abin da ita ba ta sani ba tukuna, wato gonarta ce a kan layi. Wannan shi ne ƙarfin da al'adarmu ta ba marubuci. Kunya da kara da kawaici suna hana mutanenmu faɗin abin da ke ransu kai tsaye: uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, suruki ba ya haɗa ido da surukarsa, mai bin bashi yana fara da doguwar gaisuwa da tambayar iyali kafin ya taɓo abin da ya kawo shi. Marubucin da ya sa ɗa ya tsaya gaban mahaifinsa yana zazzaga masa jawabi kan ƴancinsa ya bar gida ya tafi aro. Wanda ya iya rubuta gaisuwar da ke ɗauke da barazana a ƙarƙashinta, shi ne ya san inda yake.

Batun karin harshe ma yana buƙatar shawara tun farko. Ina ganin daidai ne bayanin fitowa ya kasance cikin daidaitacciyar Hausa domin kowane ma'aikaci ya fahimta, maganganun ƴan wasa kuwa su fito da bakin masu su. Tsohuwar Tibiri ta yi Gobirancinta, ɗan kasuwar da ya yi shekaru yana zirga-zirgar Kano ya riƙa surkawa, ma'aikacin gwamnati ya jefa kalmomin Faransanci kamar yadda yake yi a zahiri. Kada ka ji tsoron cewa mai kallo a Kaduna ko Kumasi ba zai gane ba. Zai gane daga yanayin magana, kuma bambancin ne zai sa ya tsaya. Abin da za ka guje wa shi ne mayar da karin ƙauye abin dariya, ta yadda duk mai cewa "tahi" wawa ne, duk mai cewa "tafi" wayayye.

Game da waƙa, ka tambayi kanka ko labarin ne ke nemanta ko kuwa sabo. Waƙa guda tana cin kuɗin situdiyo da sutura da yinin ɗauka. Idan labarin ƴan kokowa ne, kirari da ganga suna cikin jininsa. Idan na Lawali ne, ƙarar babura da kiran salla da shirun tsakar gida sun wadatar.

Mataki na biyar: karanta shi a fili, sannan ka kare shi

Idan ka gama rubutun farko, ka ajiye shi mako guda ko biyu, sannan ka tara mutane biyar ko shida su karanta da baki, kowa da nasa matsayi, kai kuma ka yi shiru kana saurare da alƙalami a hannu. Duk inda mai karatu ya yi tuntuɓe, ko ya sauya kalma da kansa, alama ce cewa jimlar ba ta zauna a baki ba. Ka tabbatar akwai mace cikin masu karatun, zai fi kyau babba, domin maza marubuta sun fi yin kuskure a maganar cikin gida. Idan akwai hukuncin addini a labarin, na gado ko saki ko jingina, ka kai wa malami ya duba. Kuskure ɗaya a nan yana iya janye hankalin jama'a daga fim ɗin gaba ɗaya zuwa gardama.

Kafin sikirif ya fara yawo a WhatsApp, ka nemi shaidar cewa naka ne. Hukumar kare haƙƙin mawallafa ta ƙasa, BNDA, ita ce ke kula da wannan fanni a Nijar, kuma ya kamata ka tuntuɓe ta kan yadda ake ajiye aiki. Ka kuma adana tsofaffin rubuce-rubucenka masu kwanan wata. Idan da wanda kuka yi rubutun tare, ku rubuta rabon kowa tun ana shiri.

Mataki na shida: rarraba sikirif, jadawali da kasafi

Wannan shi ne aikin furodusa na gaskiya, kuma shi ne wanda aka fi tsallakewa. Ka bi sikirif fitowa bayan fitowa, ka fitar da ƴan wasan da ke ciki, da sutura, da kayan aiki, da wuri, da lokaci. Sannan ka tara fitowar da ke wuri ɗaya a rana ɗaya, ko da a labari wata na farko wata na ƙarshe. Idan tsakar gidan su Lawali ta fito sau 12, a ɗauke su duka cikin kwana biyu ko uku a sallami masu gida. Haka nan, idan ka gayyato fitaccen ɗan wasa daga Kano ko Yamai, ka tattara dukan fitowarsa a jere, domin kowane ƙarin kwana masauki ne da abinci.

Lissafin ba shi da wuya. A matsayin misali, sikirif mai shafi 40, idan kuna iya ɗaukar shafi 5 a rana, kwana 8 ke nan, sai ka ƙara kwana 2 na ko-ta-kwana. Idan mutum 15 ne a lokeshin, kana da ciyarwar mutum 15 sau biyu a rana har kwana 10, wato kwano 300, ban da ruwa da ƙanƙara da shayi. Ka je ka tambayi farashi na yau ka ninka, haka ma mai da sufuri da hayar kaya. Bayan ka tara jimla, ka ware aƙalla kashi 10 cikin 100 a gefe. Abu mafi muhimmanci, kada ka taɓa kuɗin tacewa, wato aikin edita, da na talla a lokacin ɗauka. Fina-finai da yawa sun mutu a cikin kwamfutar edita saboda an cinye komai a lokeshin.

Yanayin Maradi ma yana cikin jadawali. A Afrilu da Mayu zafi kan wuce digiri 40, kamara da waya suna ɗaukar zafi su mutu, ƴan wasa su galabaita, don haka sai a yi fitowar waje da sassafe da bayan la'asar. Daga Yuni zuwa Satumba damina ce: gari ya yi kore, hoto ya yi kyau, amma hadari na iya tashi a tsakiyar fitowa, kuma duk wanda ke da gona hankalinsa na can. Hazon hunturu yana tausasa haske, sai dai ƙura tana shiga gilashin kamara, iska kuma tana ɓata sauti. Ka duba watan azumi da ranakun salla da ranar kasuwa kafin ka tsayar da rana.

Mataki na bakwai: kuɗi da yarjejeniya

Hanyoyin kuɗi kaɗan ne, kuma kowace da sharaɗinta. Akwai ajiyarka da adashe, wanda shi ne mafi ƴanci. Akwai ƴan kasuwar gari, waɗanda za su fi saurarenka idan ka zo da takarda mai nuna abin da za su samu, misali shagonsu ya fito cikin labari ko tallarsu ta shiga farkon kowane kashi. Akwai ƙungiyoyin raya ƙasa da ke neman fim kan karatun ƴaƴa mata ko lafiyar uwa da jariri. Aikinsu yana biya, kuma yana koya wa mutum tsari, amma ka yi hattara kada labarinka ya koma lacca. Idan saƙon ya fi mutanen cikin fim ƙarfi, mai kallo zai gane cikin minti biyar.

Ko daga ina kuɗin ya fito, a rubuta. Takarda guda ta isa: nawa aka bayar, bashi ne ko hannun jari ko gudummawa, wa ke da mallakar fim, yaya za a raba abin da ya shigo, sa hannu da shaidu biyu. Haka za ka yi da ƴan wasa da mai kamara da mawaƙi, har da amincewar iyaye a rubuce ga duk yaron da bai balaga ba, da yardar miji ko waliyyi inda hakan zai hana fitina daga baya. Mutanenmu kan ji nauyin neman takarda daga ɗan uwa, alhali ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, a cikin Suratul Baƙara, umarni ce da rubuta bashi. Idan ka biya ta Nita ko Amana ko Airtel Money, ka adana rasit.

Mataki na takwas: izini

Ka tuntuɓi cibiyar fina-finai ta ƙasa, CNCN, kan takardar izinin ɗauka, ka sanar da ma'aikatar magajin gari da ƴan sanda idan za ku yi aiki a titi, musamman idan akwai kakin jami'an tsaro ko abin da ya yi kama da makami. Kada ka ɗaga na'urar ɗaukar hoto mai tashi sama sai da izini, kuma ka nisanci barikoki da shingayen bincike. Bayan takardun hukuma, ka je da kanka ka gaida mai unguwa da limamin masallacin da ke kusa, ka bayyana musu abin da za ku yi. Idan kana da niyyar kai fim ɗinka kasuwar Kano, ka sani cewa jihar tana da hukumar tace fina-finai tun 2001, kuma sai ta duba aiki kafin a fitar da shi a can.

Mataki na tara: ranakun ɗauka

Idan kuɗinka bai kai ka samu kamara mai kyau da makirfo mai kyau a lokaci guda ba, zaɓi makirfo. Mai kallo a waya yana haƙuri da hoto mai ɗan duhu, amma ba ya haƙuri da maganar da ba ya ji, kuma duk wahalar da ka sha wajen rubuta ta ta tashi a banza. Ka sa mutum guda wanda aikinsa kawai sauraro da abin ji a kunne. Ka ajiye gurup nesa, ka jawo wutar da doguwar waya, ka lura da injin niƙa da makarantar allo da lokutan kiran salla, ka kuma ɗauki minti guda na shirun kowane wuri, domin edita zai buƙace shi wajen haɗa sauti. Kada ka dogara da wutar Nijelek: a cika batura da dare, a tanadi sola ko gurup.

Mai kula da kwantiniti, wato daidaiton sutura da kaya tsakanin fitowa da fitowa, ya riƙa ɗaukar hoton kowane ɗan wasa da wayarsa kafin a tashi daga fitowa, don kada hular Lawali ta sauya launi tsakanin zaure da tsakar gida. Kowane dare a kwafe abin da aka ɗauka zuwa faifan ajiya biyu, a ajiye su a gidaje biyu, kuma kada a goge katin kamara sai an buɗe an tabbatar. Idan kai ne marubuci kuma wani ne darakta, ka faɗa masa ra'ayinka a gefe, ba a gaban ƴan wasa ba. Ka ciyar da mutane a kan lokaci, ka tsaya a yi salla, ka biya abin da ka yi alkawari ranar da ka ce. Sunan furodusa a garin nan yana ginuwa ne a bakin masu riƙe fitila da masu dafa abinci.

Mataki na goma: tacewa da fitarwa

Tacewa rubutu ne na ƙarshe, kuma a nan marubuci ke shan wahala, domin dole ya yarda a yanke fitowar da ya fi so idan tana jan ƙafar labari. Manhajar DaVinci Resolve tana da nau'in kyauta da ya isa aikin ƙwararru, idan kwamfutar na da ƙarfi. Kada ka ɗora kiɗan wani ba da izini ba, don YouTube na gane shi, ya karkatar da kuɗin tallar zuwa mai kiɗan ko ya toshe bidiyon. Ka nemi makaɗin gurmi ko mai fiyano na gari ku yi naku, da takarda. Ka sa fassarar Faransanci a ƙasan hoto domin Yamai da bukukuwan fim irin FESPACO, wanda ake yi duk bayan shekara biyu, da ta Ingilishi idan da hali. A ba wanda ya iya harshen sosai, domin mummunar fassara tana zubar da darajar aiki mai kyau.

Kasuwar faifan CD ta riga ta mutu, yanzu YouTube da tashoshin talabijin ne, irin su Télé Sahel da Arewa24 da ta fara aiki a 2014. A YouTube, hanyar da aka saba bi kafin a fara samun rabon kuɗin talla ita ce mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, kuma mai tasha yana karɓar kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallar dogon bidiyo. Ba dukan ƙasashe ne tsarin biyan ya shafa ba, saboda haka ka duba jerin ƙasashen kafin ka buɗe tasha. Idan za ka ɗora fim ɗinka a tashar wani a Najeriya, yarjejeniyar ta fayyace tsawon lokaci, da ikonka na ganin alƙaluman kallo da idonka, da kuɗin da za a biya ka da shi, naira ko sefa, domin faɗuwar naira na iya cinye ribarka kafin ta ƙetare Jibiya. Haka nan idan tashar talabijin ce, ka ba da izinin nunawa na ƙayyadadden lokaci, kada ka sayar da mallaka ɗungurungum.

Kafin duk wannan, ka fara nuna fim ɗin a gida, a gidan matasa ko a filin unguwar da aka ɗauke shi, ka gayyaci masu gidajen da suka ba ku wuri da ƴan kasuwar da suka taimaka. Ka zauna a baya ka lura da inda aka yi dariya, da inda aka yi tsit, da inda aka fara duba waya, ka rubuta su a daren. Washegari ka buɗe littafin lissafi ka kwatanta abin da ka tsara kashewa da abin da ka kashe a zahiri, layi bayan layi. Waɗannan takardu biyu, na martanin masu kallo da na lissafi, su za ka ɗauka tare da fim ɗin zuwa wurin wanda kake so ya sa kuɗi a na biyu, kuma zai fi kyau a ce jimloli biyu na sabon labarin suna hannunka a ranar.